Labarin Ghantasala, Mawaƙin Ƙasar Telugu

Malamaina da 'yan'uwana ɗalibai, a wannan fitowa ta mujallarmu ina so in ba ku labarin wani mutumin ƙasar Indiya wanda ya rasu tun shekarar 1974. Sunansa Ghantasala Venkateswara Rao. Sunan yana da nauyi a bakin Bahaushe, saboda haka daga nan sai mu riƙa kiransa Ghantasala kurum, yadda mutanen ƙasarsu su ke yi. Mawaƙi ne, kuma shi ya tsara kiɗan fim fiye da 100, yawancinsu cikin harshen Telugu. Dalilin da ya sa na zaɓe shi biyu ne. Na ɗaya, mun daɗe muna jin daɗin kiɗan Indiya a ƙasar nan, amma 'yan wasa kaɗai muka sani, masu haɗa kiɗan ko sunansu ba mu riƙe ba. Na biyu, cikin tarihinsa akwai wani malami matalauci wanda ya kamata duk mai shirin riƙe alli ya ji abin da ya yi.

Kafin mu shiga labarin, bari in ɗan yi bayanin Telugu. Tun wajen shekarun 1950 Kwarori masu gidajen sinima suka fara kawo fina-finan Indiya Arewa, iyayenmu da kakanninmu na nan Jos suka yi ta cika gidaje irin su Kwararafa. Waɗancan fina-finai kusan duk na Bombay ne, cikin harshen Hindi. Amma waɗanda a ke fassarawa da Hausa yanzu muna kallo a waya, da yawa daga cikinsu na kudancin Indiya ne, na Telugu kuwa suna sahun gaba. Telugu harshe ne na mutane fiye da miliyan 80, mazauninsu jihohin Andhra Pradesh da Telangana. A 2023 wata waƙa ta fim ɗinsu mai suna RRR, wadda M. M. Keeravani ya tsara, ta ci kyautar Oscar a Amurka. Itacen da ya yi wannan 'ya'ya, Ghantasala yana cikin waɗanda suka yi masa ban ruwa tun yana dashe.

Asalinsa

An haife shi ran 4 ga Disamba 1922 a wani ƙauye mai suna Chowtapalli, cikin gundumar Krishna. A lokacin Turawan Ingila ke mulkin Indiya, yankin kuwa yana ƙarƙashin lardin Madras, birnin da a ke kira Chennai yanzu. Ubansa, Soorayya, mawaƙin waƙoƙin addininsu ne na Hindu, yana kuma kaɗa wata ganga mai baki biyu da su ke kira mridangam. Duk inda za shi waƙa ya kan tafi da yaron, shi yana waƙa yaron yana rawa, har mutanen karkara suka san shi. Ba a daɗe ba uban ya rasu, ya bar shi yana ƙarami, ba gona ba dukiya. Sai kawunsa, ɗan'uwan uwarsa, ya ɗauke shi ya riƙe.

Yaron ya tashi ba abin da ya ke so kamar ya koyi waƙa bisa ƙa'ida. A ƙasarsu kuwa waƙa ilmi ce mai littattafai da malamai da jarrabawa. Irin ta kudancin Indiya ana kiranta Karnatak, ginshiƙanta biyu ne. Akwai raga, watau tsarin hawa da saukar murya, kowace da sunanta da yanayin da ta ke sa wa zuciya, wata ta murna, wata ta kewa, wata ta ibada. Akwai kuma tala, watau lissafin bugun kiɗa. Mutum ya kan shekara da shekaru gaban malami kafin a yarda ya hau dandali. Makarantar da ta yi suna wajen wannan ilmi a yankinsu tana birnin Vizianagaram, can arewa maso gabas, sarkin garin ya kafa ta a 1919. Shugabanta a zamanin shi ne Dwaram Venkataswamy Naidu, gwanin goge irin na Turawa.

Almajirci

Masu rubuta tarihinsa sun ce da ya rasa kuɗin jirgi sai ya sayar da zoben da ke hannunsa da araha, ya shiga jirgin ƙasa, ya nufi garin da bai san kowa ba. Ya isa ya tarar makaranta tana hutu, amma aka tausaya masa aka bar shi ya riƙa kwana a cikinta.

Abinci fa? A ƙasar Telugu akwai wata tsohuwar al'ada wadda Bahaushe zai gane ta nan da nan. Ɗalibi matalauci ya kan sami gidaje bakwai, kowane gida ya ɗauki nauyin ciyar da shi rana ɗaya cikin mako. Wanda bai sami haka ba sai ya rataya jaka ya bi ƙofa ƙofa, nan a ba shi loma, can a ba shi loma. Wannan bara suna kiranta madhukaram, sunan kuwa daga ƙudan zuma ya fito, don shi ma kaɗan kaɗan ya ke tsotsa daga kowane fure, ba ya nauyaya wa ko ɗaya. Ghantasala ya ɗanɗana duka biyun.

Yana cikin haka sai wata fitina ta faɗa masa. An ce wani abu ya ɓace a makaranta, aka ɗora masa laifin alhali ba shi ya yi ba, aka kore shi. Da labari ya bazu cikin gari, gidajen da ke ba shi abinci suka rufe ƙofa. Ya koma yana kwana a wani ɗakin ibada, ga yunwa, ga kunya, ga gida da nisa. A nan ne wani ya ba shi labarin wani malamin makarantar mai suna Patrayani Sitarama Sastry, ya ce ya je ya gwada sa'arsa. Malamin ya saurari yaron, ya bincika maganar, ya gane ƙazafi ne. Sai ya ɗauke shi ya shiga koya masa a gida ba ko anini. Shi kansa malamin talaka ne, ba shi da abin da zai ciyar da baƙo kullum, saboda haka yaron ya kan yi bara ya ci, sa'an nan ya zo ya zauna gaban malam. Daga baya gaskiya ta fito, aka mayar da shi makaranta, ya gama ya karɓi takardar shaida.

Abin da ya fi ɗauka wurin wannan malami, wanda ya bi shi har ƙarshen ransa, shi ne girmama kalma. A zamanin akwai mawaƙa masu nuna gwaninta, su ja murya su lanƙwasa ta har mai sauraro ya kasa sanin abin da a ke faɗi. Sastry ya hore shi da ya fara fahimtar ma'anar baiti tukuna, ya furta kowane harafi sarai, sa'an nan ya zaɓa masa muryar da ta dace da ma'anar.

Kurkuku da Madras

A 1942 Gandhi da jam'iyyarsa suka ta da yunƙurin cewa Turawa su bar Indiya. Ghantasala yana saurayi ɗan shekara 19, ya shiga, yana bi gari gari yana waƙoƙin neman 'yanci. Aka kama shi, ya yi shekara ɗaya da rabi a kurkukun Allipur da ke Bellary. Da ya fito ya yi aure a 1944, sunan matar Savitri. A ƙauyensu matar akwai wani shahararren marubucin waƙoƙin fim, Samudrala Raghavacharya. Ya ji muryar angon ta burge shi, ya ce ya biyo shi Madras, inda a ke yin fina-finan Telugu a wancan zamani.

Madras ba ta karɓe shi da hannu biyu ba. Ya je kamfanin faifan garmaho na His Master's Voice, mai tambarin kare, suka gwada shi suka ce muryarsa ba ta dace da na'ura ba. An ce har kwana ya yi a lambun shan iska na birnin don rashin kuɗin haya. Amma Samudrala bai sake shi ba. Ya sama masa waƙa a gidan rediyon gwamnati, ya kuma kai shi wurin masu fim. A fim ɗin Seeta Rama Jananam na 1944 ya shiga cikin 'yan amshi, ya kuma fito cikin taron mutanen da ba su magana. A 1945 Chittoor Nagayya, wanda shi ɗan wasa ne kuma mai tsara kiɗa, ya ba shi waƙa tare da 'yar wasa Bhanumathi cikin fim ɗin Swarga Seema. Daga nan ƙofa ta buɗe. Kamfanin garmahon nan da ya ƙi shi ma ya komo ya yi ta buga faifansa.

Yadda aikin ya ke

Ya kamata in bayyana mene ne aikin mai tsara kiɗan fim, gama ya bambanta da abin da muka saba. A wurinmu babban makaɗi, kamar Narambaɗa ko Shata, shi ke ƙaga waƙa, shi ke sa mata kari, shi ke rera ta, yaransa suna kiɗa suna amshi. A fim ɗin Indiya an raba aikin. Marubuci ya rubuta baitoci. Mai tsara kiɗa ya zauna da molonsa ko akwatin kiɗansa ya sa musu kari, ya zaɓi kayan kiɗan da za a kaɗa, ya koya wa mawaƙa da makaɗa, ya kuma shirya kiɗan da ke bin wasan daga farko har ƙarshe, na tsoro da na kuka da na yaƙi. Mawaƙi ya rera a ɗauka. Daga ƙarshe ɗan wasa ya tsaya gaban na'urar ɗaukar hoto ana sa masa waƙar yana motsa baki.

Da fari ba haka a ke yi ba. Fim mai magana na farko a Indiya, Alam Ara, ya fito a 1931, na Telugu na farko kuwa, Bhakta Prahlada, a 1932, H. R. Padmanabha Sastry ya yi masa kiɗa. A lokacin ɗan wasa da bakinsa ya ke waƙa ana ɗauka, makaɗa suna ɓoye a gefe, saboda haka wanda ba shi da murya ba ya samun babban matsayi ko da ya iya wasa. A 1935 wani kamfani a Kalkata ya fara dabarar ɗaukar waƙa dabam, sannu a hankali ta bazu har kudu. Ghantasala ya zo daidai lokacin da dabarar ke kafuwa a Madras, ya kuwa riƙe aiki biyu, tsara kiɗa da rerawa. A zamaninsa kuma makaɗa da mawaƙa duk a ɗaki ɗaya a ke tara su a ɗauki waƙa gaba ɗaya. In mai sarewa ya yi kure a baitin ƙarshe, sai kowa ya koma farko.

Aikinsa

A 1949 fina-finai biyu da ya yi wa kiɗa suka fito, Keelu Gurram da Mana Desam. Na biyun shi ne fim na farko da N. T. Rama Rao ya fito a ciki, mutumin da ya zama babban ministan jihar Andhra Pradesh a 1983. Shi da Akkineni Nageswara Rao su ne manyan jaruman Telugu na wannan zamani, Ghantasala kuwa shi ne muryar su duka biyu har fiye da shekara 20. Masu sauraro sun kan ce in waƙa ta tashi a rediyo suna iya gane wanne daga cikin jaruman ya ke yi wa, don yadda ya ke sauya lafazi ya dace da kowannensu.

Sa'an nan ya shiga aiki da kamfanin Vijaya na Nagi Reddy da Chakrapani. Ya yi musu Shavukaru a 1950, da Pathala Bhairavi a 1951. Wannan na biyu labari ne irin na Dare Dubu Da Ɗaya: ɗan mai lambu ya ga 'yar sarki yana so, wani boka ya yaudare shi zuwa ƙarƙashin ƙasa neman dukiya. An nuna shi a bikin fina-finan duniya na farko da aka yi a Indiya a 1952. A 1957 aka yi Mayabazar, wanda har yau mutanen Telugu da yawa su ke ɗauka shi ne fim mafi kyau da aka taɓa yi da harshensu. Saluri Rajeswara Rao ya fara kiɗansa ya bari, Ghantasala ya karɓa ya kammala. Saboda farin jininsa aka sa masa launi aka sake nuna shi a sinima a 2010. A 1962 ya yi Gundamma Katha, wasan ban dariya a kan wata mata mai azabtar da 'yar mijinta.

Babban aikinsa wajen tsara kiɗa, a ganin masana da yawa, shi ne Lava Kusa na 1963, fim ɗin Telugu na farko mai launi tun daga farko har ƙarshe. An fara shi a 1958, kuɗi ya yanke, aiki ya tsaya shekaru. Da ya fito sai da ya yi mako 75 ana nuna shi. Labarin wasu tagwaye ne 'ya'yan sarki da suka tashi a daji hannun wani tsohon malami, P. Leela da P. Susheela suka yi muryar tagwayen. Wanda ya fito a matsayin tsohon malamin kuwa Nagayya ne, mutumin nan da ya ba Ghantasala waƙarsa ta farko shekara 18 da suka wuce, ga shi yanzu yana motsa baki Ghantasala yana rera masa.

Har wa yau ya yi wa waɗansu masu tsara kiɗa waƙa, bai ɗauki haka ƙasƙanci ba. Cikin Devadasu na 1953, wanda C. R. Subburaman ya tsara, ya rera waƙoƙin wani saurayi da aka hana shi wadda ya ke so ya faɗa shan giya, har tarin mashayin a ke ji cikin waƙar.

Akwai wani gyara kuma da ya yi wa adabinsu. Telugu suna da baitoci masu ma'auni, kamar rubutattun waƙoƙinmu, suna kiransu padyam. 'Yan wasan dandali sun saba jan baiti ɗaya har mutum ya gaji. Ghantasala ya rage jan, ya fito da kalmomin fili, ya ɗauki waƙoƙin manyan marubuta irin su Karunasri da Gurram Jashuva a faifai. Ta haka manomin da bai taɓa shiga aji ba ya haddace baitocin da dā sai masu karatu.

Ba kome ya taɓa ya zama zinariya ba. Sau uku yana zuba kuɗinsa ya shirya fim na kansa, a 1953 da 1956 da 1960, duka ukun ba su yi kasuwa ba, ya yi hasara mai yawa. Sai ya haƙura ya tsaya ga abin da ya iya.

Bai kuma manta da malaminsa ba. Ɗan malamin, Patrayani Sangeetha Rao, ya zo Madras, Ghantasala ya ɗauke shi ya zama mataimakinsa wajen tsara kiɗa, suna tare shekaru masu yawa har mutuwa ta raba.

Ƙarshen ransa

A 1970 gwamnatin Indiya ta ba shi lambar girma ta Padma Shri. A 1971 ya zaga Jamus da Ingila da Amurka yana waƙa. An kuma naɗa shi mawaƙin babban ɗakin ibadarsu na Tirupati. A lokacin ciwon sukari da na zuciya sun riga sun kama shi. Da ya ga ƙarfi yana raguwa sai ya dage ya ɗauki zaɓaɓɓun baitoci na littafin addininsu, Bhagavad Gita, yana rerawa yana fassarawa da Telugu mai sauƙi. Ya gama, amma bai ga fitowar faifan ba. Ya rasu a Madras ran 11 ga Fabrairu 1974, yana da shekara 51. A 2003 gwamnati ta buga kan sarki mai hotonsa, kwalejin kiɗa ta gwamnati da ke birnin Vijayawada kuma sunansa ta ke ɗauke da shi.

Abin da ya shafe mu

Irin wannan labari ba baƙo ba ne gare mu a nan. Marigayi Ɗan Maraya Jos, wanda aka haifa a Bukuru a 1946 ya rasu a 2015, iyayensa sun mutu yana jariri, Sarkin Hausawan Bukuru ya riƙe shi, da ɗan kuntiginsa ya zaga duniya. Su biyun baiwa Allah ya ba su, amma kowannensu sai da wani babba ya tsaya masa a lokacin da ba shi da kowa.

To, 'yan'uwa, nan da 'yan watanni waɗansunmu za su fita koyon aiki, waɗansu kuma su kama aji nasu na kansu. Wata rana za a kawo maka yaro a ce ya yi sata, dukan aji sun yarda shi ne, don shi ne mai yagaggiyar riga, ba shi kuma da uban da zai zo ofis ya yi magana. Korarsa ba ta ɗaukar minti biyar, bincike kuwa ya kan ci kwana biyu ko uku. Sastry ya zaɓi binciken. Za ka ga wani yana gyangyaɗi tun ƙarfe 9, kafin ka ɗauki bulala ka tambaye shi ko ya karya kumallo. Za ka ga wani kullum yana kaɗa tebur da 'yan yatsu, ko yana ƙaga waƙa a bayan littafin lissafi. Ka hore shi ya yi lissafinsa, amma ka ba shi fili ranar wasan makaranta ka ji abin da ke bakinsa. A garin nan namu hedkwatar Hukumar Fina-finai ta Nijeriya ta ke, wadda aka kafa a 1979, ga kuma makarantarta ta koyon aikin fim, saboda haka hanyar ba ta yi wa yaranmu nisa kamar yadda ta yi wa Ghantasala ba.

Sastry bai san abin da yaron zai zama ba ran da ya buɗe masa ƙofa. Ya dai ga an zalunci yaro mai son karatu, shi kuwa yana da ilmin da zai ba shi, ko da ya ke ba shi da tuwo. Albashin malami bai taɓa yawa ba, can da nan, amma wannan kam kowannenmu zai iya.

Allah ya ba mu haƙurin sauraron yaran da za a danƙa mana, ya sa mu gama karatunmu lafiya, amin.